Na Baro Usur Ɗina a Minnesota

Shekara tara na yi ina koyar da wasannin motsa jiki a wata makarantar kwana ta maza a jihar Katsina, kuma ba na jin akwai ɗalibin da ya taɓa ganina ba usur a wuya. Da shi nake shiga aji, da shi nake zuwa masallaci, sai dai in tura shi cikin riga in za a ta da sallah. Yara sun laƙaba mini wani suna da ba zan faɗa a nan ba, domin har gobe wasu tsofaffin ɗalibaina da shi suke kirana a bayan idona. Ni ne kocin ƙwallon makarantar. Iyakar abin da na sani game da horarwa shi ne abin da aka yi mini ina yaro: gudu har sai an ga mai faɗuwa, tsallen kwaɗo daga raga zuwa raga, gwale-gwale ga wanda ya makara, sannan ba mai shan ruwa sai an tashi. Kocinmu na da cewa yake ruwa yana sa ciki nauyi, yana kashe wa ɗan wasa zuciya. Ban taɓa tambayar dalili ba. Na haddace kamar karatun allo, na kuma biya wa na bayana.

A bazarar 1999 muna shirin gasar makarantu ta shiyya. Akwai wani yaro ɗan aji biyar da ke buga mana gefen dama, siriri, mai gudu kamar barewa. Lamba bakwai yake sawa, don haka da Lamba Bakwai zan kira shi. Ranar ya makara da kamar minti goma. Daga baya na ji ashe zazzaɓi ya kwana da shi, amma a lokacin ban tambaye shi ba, shi ma bai ga fuskar faɗa mini ba. Na sa shi tsallen kwaɗo ya zagaye fili, da azahar, a watan Afrilu. Ya zagaya sau biyu ya ɗago kai ya ce, "Malam, don Allah ruwa." Na busa masa usur a kunne. A zagaye na uku ya kife.

Kwana huɗu ya yi a asibiti ana ƙara masa ruwa. Mahaifinsa ya zo daga ƙauye a kan keke, dattijo mai furfura, bai zage ni ba, bai kai ƙarata ko'ina ba. Ya dube ni kawai ya ce, "Malam, amana muka kawo muku." Ya juya ya tafi. Yaron ya warke, ya gama makaranta, amma bai sake taka filin nan ba. Mun ci kofin shiyya a shekarar ba tare da shi ba, aka yi ta yi mini kirari, ni kuwa na ce wa kaina ai ga shi nan, horo ne ya yi rana.

A watan Agusta na 2002 Allah ya yi mini tafiya Amurka karatun digiri na biyu, a Jami'ar Jiha ta St. Cloud da ke Minnesota. Gari ne a bakin kogin Mississippi, mai sanyin da ba a ba da labarinsa, sai dai gani ya kori ji. Somaliyawa sun fara yawa a garin a lokacin, su suka nuna mini masallaci da inda ake sayar da naman halal. Na kama hayar ɗaki a ƙasan gidan wani dattijo Bature da matarsa ta rasu, tsohon ma'aikacin inshora, ɗan kimanin shekara 70. Ya ce in riƙa kiransa da sunansa. Bakina ya ƙi. Na ce masa mu a wurinmu ba a kama sunan babba gatsau, saboda haka Baba zan ce. Ya yi dariya ya ce to, zai kai ni in ga wani tsohon da ya fi shi ƙin a girmama shi.

Ashe Baba tsohon ɗalibin wata ƙaramar jami'a ce da ake kira Saint John's, a wani ƙauye mai suna Collegeville, tafiyar minti ashirin da mota yamma da St. Cloud. 'Yan zuhudun Katolika na ɗariƙar Benedict ne suka kafa ta a 1857, maza zalla ke karatu a ciki, ɗaliban ba su kai dubu biyu ba. Tana tsakiyar daji da tafkuna. Abin da za ka fara hangowa daga nesa wani ƙaton bangon siminti ne tsaye a gaban cocinsu, an rataye ƙararrawa a jikinsa. Suna gasa wani burodi mai nauyi da duk wanda ya yi makarantar yake santinsa har tsufa. Baba ba ya dawowa daga can sai da guda biyu, ɗaya nasa ɗaya nawa. Ƙungiyar wasansu kuwa Johnnies ake ce mata, ja suke sawa.

In sun ce ƙwallon ƙafa, ba irin tamu suke nufi ba. Tasu mai siffar ƙwai ce, da hannu ake ɗaukarta a ruga ko a jefa wa wani. Mutum goma sha ɗaya ne kowane ɓangare, sanye da hular kwano da sulke a kafaɗa. Ana ba ƙungiya dama huɗu ta ci gaba da yadi goma. In ta kasa, ƙwallo ta koma hannun abokan karawa. Wanda ya kai ta ƙarshen fili ya samu maki shida. Hanyar tsayar da mai ƙwallo ita ce a rungume shi a maka da ƙasa. Da na fara gani na ce wa Baba wannan ai kokawa ce aka haɗa da langa, aka ba su ƙwallo don kada a ce faɗa suke yi.

Baba yana da wani kwali cike da tsofaffin takardun wasa, irin waɗanda ake sayarwa a ƙofar fili. Dare ɗaya da ƙanƙara ta hana mu fita ya zazzage su a kan tebur, ya buɗe shafin da aka jera sunayen kociyoyin makarantar tun 1900, shekarar da suka fara wasan. Na farko-farkon ba su daɗe ba, wannan ya yi shekara ɗaya, wancan biyu, kamar dai yadda muka saba gani a kulob-kulob ɗinmu na gida, inda koci ke zuwa da jakarsa a rataye don ya san ba zai kwana biyu ba. Amma daga 1930 sai jerin ya tsuke. Baba ya ɗora yatsa ya ce in ƙirga. Na ƙirga. Mutum huɗu ne kacal a cikin shekara saba'in da 'yan kai.

Na farkonsu Joe Benda, wanda ya yi wasa a Notre Dame a ƙarƙashin shahararren koci Knute Rockne. Shi ya fara ɗaga sunan makarantar, ya ci mata gasar ƙananan jami'o'in Minnesota, wadda ake kira MIAC, a 1932 da 1935 da 1936. Ya koma Notre Dame mataimaki, sai George Durenberger ya riƙe daga 1937 zuwa 1940, ya ci gasar a 1938. Ɗan wannan Durenberger ɗin, David, shi ne ya zama sanatan Minnesota daga baya. Benda ya dawo a 1941, yaƙin duniya ya katse wasanni, bayan yaƙi ya ci gaba har 1949, ya rasu a 1950.

Na ukun ne Baba ya fi jin daɗin ba da labarinsa, domin a hannunsa ya fara. John McNally, wanda duniyar wasa ta fi sani da Johnny Blood. Tun yana saurayi ya so ya buga wasan kuɗi ba tare da ya rasa damar buga na makaranta ba, sai ya ari suna daga allon wani gidan silima da suka wuce, sunan ya bi shi har kabari. Ya ci kofi huɗu da ƙungiyar ƙwararru ta Green Bay Packers, yana kuma cikin rukunin farko da aka karrama a zauren gwarzayen wasan a 1963. Mutum ne mai baiwa, ɗan duniya kuma na bugawa a jarida. Ya horar da Johnnies daga 1950 zuwa 1952, bai ci gasa ba. Baba ya shiga makarantar a 1951, ya ce shi dai ɗan benci ne, bai taɓa zama wani abin a-zo-a-gani a fili ba, amma ya ga yadda babban ɗan wasa ke shan wuya in ya zama malami: abin da jikinsa ke yi ba tare da tunani ba, ya rasa yadda zai fahimtar da yaron da ba shi da wannan baiwar. Maganar da McNally ya bari da zai tafi har yau ana maimaita ta a Collegeville, wai ba wanda zai iya cin nasara a Saint John's.

Wanda aka faɗa wa maganar wani saurayi ne ɗan shekara 26, John Gagliardi. A rubuce sunan yana da wuya, a baki Galardi ake cewa. Ɗan 'yan ci-rani ne daga Italiya, an haife shi a 1926 a garin Trinidad na jihar Colorado, garin haƙar kwal. A 1943, yana da shekara 16, aka kira kocin makarantar sakandarensu aikin soja, hukumar makaranta ta yi niyyar soke wasan. Yaron nan ya ce a bar masa shi zai riƙe. Ya zama yana wasa yana kuma horar da sa'o'insa. Da yake abokansa ne, ba halin tsawa ko duka, sai ya fara cire duk abin da su kansu suka tsana a atisaye. Cikin abubuwan farko da ya cire har da dokar tsohon kocinsu ta hana shan ruwa.

Da Baba ya zo nan sai na ji wani abu ya tokare mini ƙirji. Na tashi na ce zan ɗora shayi. Yaro ɗan shekara 16 ya gane a 1943 abin da ni, mai takardar shaidar koyarwa, ban gane ba a 1999.

Daga nan Gagliardi ya yi Kwalejin Carroll a jihar Montana daga 1949 zuwa 1952, ya ci gasar yankinsu sau uku a shekara huɗu. A 1953 ya iso Collegeville, kuma a shekarar farko ya ci gasar da rabon makarantar da ita tun 1938. Baba yana cikin tawagar, a benci dai kamar kullum, amma hoton yana rataye a falonsa, yana nuna wa kowa kansa a layi na uku, kunnuwa fato-fato.

Farkon kakar 2003 Baba ya cika alkawari ya kai ni kallon atisaye. Ba a hana kowa, ka zo ka tsaya a gefe. Filin a cikin wani kwari yake, itatuwa dogaye sun kewaye shi, Clemens ake kiransa. Na tafi da idon ɗan sana'a, ina so in ga irin azabar da ake ba waɗannan ƙartin har suke cin kowa. Abin da ya fara ba ni mamaki yawansu. Sun haura ɗari da hamsin, domin ba a korar kowa. Duk wanda ya zo ya ce yana so, an ba shi riga, har ka ga mutum biyu da lamba ɗaya. A rukunin da suke, wato rukuni na uku na wasannin jami'o'in Amurka, ba a ba ɗan wasa tallafin karatu don wasansa. Kowa da kuɗinsa ko bashinsa ya zo karatu, ƙwallo sha'awa ce.

Sai aka fara motsa jiki. Na gyara tsayuwa. Ƙartin nan suka kwanta rigingine a kan ciyawa, kowa ya dubi sama, ya juya ya ce wa na kusa da shi yau gari ya yi kyau. Suka tashi suna dariya. Na dubi Baba, na ce wasa suke yi kafin koci ya zo ko? Ya nuna mini wani tsoho mai farin gashi da tabarau, tsaye can gefe hannu a aljihu. Ya ce ai ga kocin nan, kuma motsa jikin ke nan, an gama. Shaƙiyanci ne suke yi wa irin motsa jikin soja da sauran makarantu ke yi, da saninsa, da yardarsa.

Na yi awa ɗaya da rabi a tsaye ban ji ƙarar usur ko sau ɗaya ba. Ba mai zagi. Ba a sa kowa zagaye fili ba. Abin da ya fi ɗaure mini kai, a wasan da ginshiƙinsa kayar da mutum ne, ba a kayar da kowa a atisaye. Ba sa ma sa cikakken sulke. Dalilin a fili yake in ka tsaya ka yi tunani: yawancin raunin da 'yan wasa ke ji, a hannun 'yan uwansu suke jinsa tsakanin Litinin da Juma'a, sai ranar Asabar ta zo gwaninka yana ɗingishi. Shi ya zaɓi ya kai su ranar wasa da lafiyarsu, da kuma yunwar karo. Abin da suke yi kawai maimaita tsarin wasa, su jeru, su ruga, su dawo, su sake, da sauri da sauri, har sai ƙafar kowa ta san inda za ta ba tare da an faɗa mata ba. In yaro ya yi kuskure, tsohon zai taka a hankali ya je ya yi masa magana, murya ƙasa-ƙasa, yawanci sai ka ga yaron ya yi murmushi. Ko minti ɗaya ba su ƙara a kan casa'in ba. Baba ya ce in ruwan sama ya sauko ko ƙwari suka dame su, cikin ɗaki suke komawa. Ruwan sha kuwa ga shi nan a gefe, mai so ya je ya sha ba neman izini.

Dokokinsa duk na "babu" ne, har an tattara su sun haura ɗari: babu usur, babu tilasta ɗaga ƙarfe, babu kyaftin guda, duk ɗan ajin ƙarshe kyaftin ne. Kuma babu kiransa koci. John kawai, daga ɗan shekara sha takwas har shugaban jami'a. Sau ɗaya na taɓa gaisawa da shi, Baba ya gabatar da ni bayan atisaye. Na haɗa hannu biyu na russuna kamar yadda aka koya mini a gida. Sunan dai bai fito ba.

Kada a ɗauka nan take na sallama. A mota muna dawowa na yi ta musu da Baba. Na ce wannan 'ya'yan masu hali ne, sun ƙoshi, sun san abin da ya kawo su. Yaranmu in ba ka tsare gida ba sai su hau kanka. Na kawo masa karin maganarmu ta icce tun yana ɗanye ake tanƙwara shi. Baba bai iya gardama ba, sai ya ce shi dai abin da ya sani, mutumin nan ya ci kofin ƙasa a 1963 da 1965 da 1976, kuma tun 1967 bai ƙara gama kaka da faɗuwa ta fi nasara yawa ba. Ya ce in tanƙwarawar ce ke kawo kofi, to ina kofunan masu tanƙwarawar?

Ranar 8 ga Nuwamba 2003 ta faɗo cikin azumi. Gagliardi ya cika shekara 77 da mako guda, yana da nasara 408, daidai da Eddie Robinson na Jami'ar Grambling, baƙar fatan da ya riƙe tarihin yawan nasara a wasan jami'o'i. In ya ci ƙungiyar Kwalejin Bethel a ranar ya wuce kowa. Tun da hantsi muka isa, duk da haka a kan gangaren kwarin muka samu wuri, domin mutum sama da 13,000 ne suka cika filin ƙauyen nan. Sanyin ranar ban taɓa jin irinsa ba. Kowa yana kurɓar abin zafi daga kofi, ni kuwa bakina a rufe, yatsun ƙafata sun daina amsa kira. Baba ya cire bargon da ya rufe gwiwarsa ya yafa mini, ya ce shi jininsa ya saba.

Bethel ba su zo rakiya ba. Ana cikin zangon ƙarshe suka shiga gaba, fili ya yi tsit. Na dubi gefen Johnnies in ga yadda tsohon zai yi, domin na san ni a irin wannan lokacin da na fara jifa da hula ina ambaton iyayen yara. Yana nan tsaye cikin babbar rigar sanyi, kamar mai jiran mota. Saura kimanin minti biyu Johnnies suka kai ƙwallo ƙarshen fili. Aka tashi 29 da 26. Baba ya rungume ni yana kuka wiwi, dattijo ɗan saba'in. Rana ta faɗi muna cikin cunkoson fita, kafin ƙarfe biyar, na sha ruwa da burodin 'yan zuhudu a cikin motarsa.

Mako shida bayan haka, ranar 20 ga Disamba, muka kalli wasan ƙarshe na ƙasa a talabijin ɗin falonsa. Mount Union ta jihar Ohio suka haɗu da ita, ƙungiyar da ta yi wasa 55 a jere ba a ci ta ba, ita ce kuma ta doke su 10 da 7 a wasan ƙarshe na 2000. Johnnies suka lallasa ta 24 da 6. Yaran da ba sa kayar da juna a atisaye, ranar sun kayar da duk wanda ya gifta.

Akwai abin da sai daga baya na lura da shi a jerin nan na Baba. Tsakanin kofin 1976 da na 2003 shekara 27 ce. Shekara 27 ba kofin ƙasa, ba wanda ya ce tsoho ya gaji, a kawo sabon jini. Ana yawan yaba wa Gagliardi, ya kuma cancanta, amma ni ina ganin rabin yabon na 'yan zuhudun da suka ɗauke shi aiki ne. Mutanen da suka yi alwashin zama a gida ɗaya har mutuwa ba sa ƙirga lokaci irin namu. Da a wani wurin ne, shekarar da ya fara faɗuwa za a ce ai ga sakamakon wasa da aiki, a miƙa masa takarda, a kawo mai usur.

Na san haka ne domin ni an miƙa mini. Da zan dawo gida a 2004 na ciro usur ɗina daga ƙasan akwati, wanda na ɗauko tun daga Katsina ban san dalili ba, na ba Baba. Ya rataye shi a jikin hoton nan na 1953. Na dawo na samu aiki a wata makaranta mai zaman kanta, aka ba ni ƙungiyar ƙwallo. Na ajiye randa biyu a bakin fili. Na hana tsallen kwaɗo. Na ce ba a korar kowa, sai ga yara sittin a filin da bai fi na ashirin ba, ƙwallo uku gare mu. Shekarar farko aka fitar da mu a zagaye na biyu, ta biyu a zagayen farko. Mai makarantar ya kira ni ofis ya ce, "Malam, ka je Turai sun lalata ka. Iyaye kofi suke son gani a allon talla." Aka ba wani tsohon soja ƙungiyar, ni aka bar ni da aji.

Ba duka laifinsa ba ne, in za a faɗi gaskiya. Na kwaso "babu" ɗin Gagliardi ban kwaso abin da ya cike gurbinsu da shi ba. Shi ya san wasan ciki da bai, yana kwana kallon faifan abokan karawa, minti casa'in ɗinsa ba daƙiƙar banza a ciki. Ni da na cire tsawa da gudu sai na tarar ba ni da abin koyarwa mai yawa. Ashe shekara tara azaba nake sayarwa a matsayin ilimi. Sai da na koma na koyi sana'ata daga tushe, a filin unguwa, da yaran da ba mai biyana a kansu. Batun kiran suna kuwa tun ranar farko ya mutu. Na ce su daina ce mini koci, suka koma Malam. Na ce su bar Malam, suka sunkuyar da kai suka yi shiru kamar na ce su zagi iyayensu. Na bar su. Ni ma ai ban iya ba.

Baba ya ci gaba da aiko mini da yankakkun jaridu a ambulan. A Nuwamban 2012 ya aiko da labarin ritayar Gagliardi: shekara 60 a Saint John's, 64 a horar da ƙungiyoyin jami'o'i gaba ɗaya, nasara 489, faɗuwa 138, kunnen doki 11. Kakarsa ta ƙarshe biyar da biyar ya yi, kuma shi ya ce ya isa, ba a ce masa ba. Wanda ya gaje shi Gary Fasching, tsohon ɗan wasansa ne da ya daɗe yana yi masa mataimaki. A ƙasan takardar Baba ya rubuta da biro, hannunsa na rawa: yanzu sun zama biyar. Wasiƙarsa ta ƙarshe ba ta ƙwallo ba ce. Ya ji ɗakin adana rubuce-rubucen da ke makarantarsu ya shiga aikin ɗaukar hoton littattafan Timbuktu da aka tserar zuwa Bamako, yana tambayata ko kusa da garinmu ne. Na rubuta masa cewa da ɗan nisa. Ban san ko amsar ta same shi ba. Gagliardi kuma ya rasu ranar 7 ga Oktoba 2018 yana da shekara 91, a Facebook na gani.

Lamba Bakwai na neme shi tun shekarar da na dawo. Na same shi yana gyaran babur a bakin tasha, hannu duk baƙin mai. Ya miƙe da sauri ya ba ni bencinsa. Na ce na zo neman gafara ne. Ya ce, "Haba Malam, ai ya wuce," yana kallon sifanar da ke hannunsa. Na tambayi mahaifinsa, ya ce ya rasu bara. Mun yi shiru, na sa masa albarka na tafi, ban ji an sauke mini komai ba.

Bayan sallar layya ta 2019 ina filin unguwa da yamma sai ga babur ya tsaya. Shi ne, ya yi ƙiba, ga yaro ɗan kamar shekara goma a bayansa, siriri. Ya gaishe ni ya ce, "Malam, ga ɗanka nan, ya dame ni da ƙwallo." Na ce ya shiga. Na ɗauka zai juya ya koma bakin aikinsa, sai ya kafe babur ɗin a gindin darbejiya, kusa da randunan, ya zauna a kai har muka tashi. Washegari ma haka. Yaron yanzu ya zama saurayi, gefen dama yake bugawa, ya fi ubansa gudu. Uban kuwa har yau bai taɓa sauke shi ya tafi ba. Yakan rufe shago ƙarfe huɗu, ya zo ya zauna a gindin bishiyar nan, ba ya cewa komai, idonsa a kaina.